Mai Riƙe da Ludayi

Inna Tasalla ta sa reza ta datse farar robar da ke ɗaure a hannun jikarta Atika, ta jefa ta cikin kofin da aka ba su, sannan ta juyo ga matar ɗanta.

"Wa ya ce ki kai ta wurin Anasara?"

Zuliha tana durƙushe a bakin bukka, ba ta ɗago kai ba. "Inna, ƙahwahunta sun kumbura. Kunu kaɗai sunka ba ta."

"To wanga abin hwa? Ba ki ji abin da mutane ka hwaɗi ba? Duk ɗiyar da sunka ɗaura ma shi, sun rubuta ta cikin addininsu."

Shekarar nan gero ya tsaya iya gwiwa ya bushe. Sun baro ƙauyensu da ke bayan Tibiri, suka kafa bukkar zana a gefen Sabon Garin Maraɗi, cikin ɗaruruwan irinsu. Sojoji sun rufe iyaka, babu zancen ci-rani a Najeriya, don haka Maliki, ɗanta, yana can Jiratawa yana haƙar hanyar ruwa, sai ran Juma'a ya zo da 'yar dawar da ta samu. Tasalla ta sayar da awakinta, ta sayar da gadonta, har kwanonin da take ta tanadi tun aurenta sun tafi. Abin da ya rage mata sallarta ce, ita kuwa ba ta ga wanda ya isa ya saye ta da kunu ba.

Ta goya Atika da kanta, ta ɗauki kofin, ta nufi wurin ciyarwar Anasaran. Yarinyar da a da kukanta ke hana maƙwabta barci, yau kwanaki ke nan ko ƙorafi ba ta yi, ta kwanta a bayan kakarta babu nauyi. Wannan shirun yana cin Tasalla a rai fiye da yunwa, amma ba ta gaya wa kowa ba.

An kafa rumfunan ciyarwar ne a wani fili da aka kewaye da waya. Mata sun yi dogon layi a ciki, a waje kuma akwai wasu da yawa tsaye da goyo, suna leƙe, ba su shiga ba, ba su kuma tafi ba. Wani soja mai dorina ya tare Tasalla a ƙofa.

"Tsohuwa, bi layi."

"Ni ba amsa na zo yi ba, ɗana. Maidowa na zo yi."

Tun da aka ajiye shi a ƙofar nan bai taɓa ganin wanda ya zo maido da wani abu ba. Ya rasa dokar da ta hana haka, sai ya matsa mata.

Wata Baturiya tana tsaye kan babbar tukunya da ludayi a hannu. Doguwa ce, rana ta gasa mata fuska ta yi ja, gashinta ma ja. Madam Nuwala ake kiranta. Ta yi shekaru tana aikin jinya a Kaduna, a can ta koyi Hausa, shi ya sa matan Maraɗi ke dariyar maganarta a ɓoye, suna cewa ko a Hausar ma baƙuwa ce sau biyu.

Tasalla ta dire kofin a gabanta. "Ga kayanku. Mun gode. Ɗiyata Musulma ta, Musulma za ta mutu in ajalinta ya zo."

Ta shirya wa faɗa. Ta ma tanadi abin da za ta ce in an kira mata soja. Amma matar ta dubi robar da ke cikin kofin, ta dubi matan da ke bayan waya.

"Abin da ya hana su shigowa ke nan?" ta tambaya.

"Shi na."

Nuwala ta miƙa wa wata ma'aikaciya ludayin, ta zo ta zauna a ƙasa, a kan rairayi. Tasalla ba ta taɓa ganin Anasara a ƙasa ba. Tsayuwa a kan mutum ba tarbiyya ba ce, dole ita ma ta zauna.

"Mama, robar nan don mu gane yaran da muka auna ce, ba komai ba. Amma ban ga laifinki ba. Da ya kamata in gane tun farko, ni da aka haifa a Ailan."

"Ke ba ta Faransa ba ce?"

"A'a. Ƙasarmu tsibiri ce, ƙarama, ruwa ya kewaye ta. Mu ma wasu ne suka mallake mu, Turawan Ingila, shekaru ɗaruruwa. Suka karɓe gonaki masu kyau, talaka ya koma ba shi da abinci sai dankali. A zamanin kakar kakata ciwo ya faɗa wa dankalin. A tona a tarar ya ruɓe ya yi baƙi, bana haka, baɗi haka. Mutane suka ci ciyawa. Ana mutuwa a bakin hanya, jirage kuwa suna fita da hatsi daga ƙasar."

Tasalla ta gyara zama. A saninta yunwa ba ta san hanyar ƙasar Anasara ba. "Ku ma kun ci haki?"

"Mun ci. Waɗanda suka mutu da waɗanda suka gudu a jirgin ruwa sun kai kashi ɗaya cikin huɗu. Har yau ƙasar ba ta cika kamar da ba." Ta share gumi da bayan hannu. "An kawo taimako, ana dafa romo a manyan tukwane irin wannan. Da yawa sun ba da shi don Allah. Amma a wasu garuruwa, har da namu, masu rabon suka ce sai wanda ya bar hanyar ibadar iyayensa ya bi tasu. Kakar kakata, Birijit, ta je da yaranta har bakin tukunya. Da ta ji sharaɗin sai ta juya."

"Madalla da ita," in ji Tasalla.

"Ta binne uku kafin damina."

Tasalla ta ji Atika ta motsa a bayanta, ɗan motsi kaɗan. Ta kai hannu ta dafa ta.

"Maƙwabtanta kuma suka karɓa," Nuwala ta ci gaba. "Yaransu suka rayu. To har na yi wayo, in jikokinsu suka wuce, ana nuna su da baki ana cewa ga 'yan gidan masu shan romo. Abin da ya wuce shekara ɗari, ba a manta musu ba."

"To cikinsu wa ta yi daidai? Wadda ta ƙiya ko wadda ta amsa?"

"Na tambayi kakata haka ina yarinya. Ta ce kada in sake in ɗora wa uwa mai jin yunwa laifi. Ta ce laifin yana wurin mai riƙe da ludayi."

Ta tashi ta karkaɗe rigarta, ta karɓo ludayin daga hannun ma'aikaciyar, ta juya shi ta miƙo wa Tasalla ta wajen mariƙi.

"Ga garin can a buhu, masara ce da madara da mai da sukari. Ki duba da idonki. Ki dama da hannunki, ki yi bisimilla yadda kike yi a gida. Ni zan koma wajen awo. Abin da na zo yi daga ƙasarmu ke nan, in ga an ba yaro abinci ba a tambayi uwarsa komai ba."

Tasalla ba ta karɓa nan da nan ba, don ba a san ta da saurin sauka ba. Sai da ta je ta buɗe buhun, ta shinshina, ta lasa, ta tambayi inda aka ɗebo ruwan. Sannan ta leƙa tukunyar ta taɓe baki.

"Wanga kunu duk gudaji na. Wa ya koya muku damu?"

Nuwala ta yi dariya har da hawaye, ko da yake hawayen sun riga dariyar zuwa.

Aka ɗora wata tukunyar. Tasalla ta ɗaure ɗamara, ta ce bisimillahi da ƙarfi yadda na bayan waya za su ji, ta dama kunu sumul. Ta kwanto Atika ta ɗora a cinya, ta fifita, ta ɗiga mata a baki. Cokali na farko ya dawo ta gefen baki. Na biyu ya wuce. Da ta ɗan tsaya don ta huce na gaba, sai yarinyar ta yamutsa fuska ta saki kuka, siriri, marar ƙarfi, amma kuka ne na mai son ƙari. Tasalla ta yi wa Allah godiya a bayyane, ta sake yi, ba ta damu da wanda ke kallonta ba.

Da aka zo maganar shaidar awo, ta yagi bakin mayafinta ta ɗaura wa jikarta a hannu. "Nawa za ta sa." Nuwala ta ce ya yi.

Kafin azahar Zuliha ta iso da gudu, a zatonta an kama surukarta. Ta tarar da ita tsaye kan tukunya tana yi wa ma'aikata faɗan wuta, tana ɗaga murya wajen waya.

"Ke mai baƙin zane, shigo da ɗiyan nan! Ni Tasalla ta Tibiri, ni na dama shi. In da wani abu ciki, a wuyana."

Matar ta dubi ta kusa da ita, ta gyara goyo, ta shigo. Wasu biyu suka biyo ta. Sojan ya rataye dorinarsa a kafaɗa ya buɗe ƙofar gaba ɗaya.

Can da layi ya lafa, Tasalla ta yafito Nuwala da hannu.

"Ɗiyan nan uku na kakar kakarki, an san inda kabarinsu yake?"

"Fili ne kawai a bakin teku, Mama. Babu alama. Da yawa aka zuba tare."

Tasalla ta jinjina kai. Ta jawo kofuna uku ta cika su har baki, ta kira yara uku daga ƙarshen layi, waɗanda ba ta san ko 'ya'yan wane ne ba, ta ba kowa ɗaya.

"Wanga nasu na," ta ce. "Ya daɗe bisa hanya, amma ya iso."