Shirun da Kallamu Ya Rubuta

Ga ta nan tafe, ga ta nanku.

Ta ƙaraso mu ji ta.

Kallamu mutumin Maraɗi ne. Karatun kiɗa ya kai shi ƙasar Sin, da ya gama kuma sai ya zauna a Guangzhou yana yi wa 'yan kasuwa tafinta a Xiaobei, inda mutanenmu ke sayen kaya. Wannan na cin abinci ne. Aikin da ya sa a ransa shi ne opera, wato wasan kwaikwayon da ake rera duk maganarsa da waƙa. Nasa ma dabam ne, ba ganga, ba goge. Kukan salatif idan ana naɗe kwali, da ƙarar kekunan ɗinkin jaka na garin Shiling, su ne kiɗansa.

Shekara huɗu ya yi yana rubuta wasa ɗaya, labarin matar da ta bi sawun kayanta da suka ɓace a teku. Mawaƙansa goma sha biyu, duk 'yan kasuwa, sai Fasuma mai abinci da ke jan baki. A tsakiyar wasan ya sa shiru na minti uku cur. Ya ce nan ne zuciyar abin.

"Malam, mu tsaya kamar gumaka?" in ji Fasuma. "Ko tari ba dama?"

"Ko tari, Hajiya."

"To, Allah ya raba mu da mura."

A shekarar 2008, da wasannin Olamfik da za a yi a ƙasar suka matso, sabunta biza ya yi wuya. Ta Kallamu saura mako biyar. Akwai wata Madam Kuang mai shirya bikin sababbin waƙoƙi. In ta karɓi wasan za ta ba shi takardar gayyata, ya zauna. In ba ta karɓa ba, sai gida. Ta yarda ta zo ran Asabar da la'asar, a wani siton kaya a unguwar Panyu.

Aka fara. Salatif ya yi kuka, kwalaye suka amsa, Fasuma ta ɗaga murya har rufin kwano. Madam na zaune, fuskarta ba ta nuna komai ba. Aka iso shirun, kowa ya tsaya cak.

Ba a yi minti ɗaya ba sai ga Alhaji Maidaji, mai siton, ya turo ƙofa. Bai san me ake ciki ba, ya dai ga Musulmi a tsaye.

"Salamu alaikum!"

To, kun san mutanenmu. Baki goma sha uku suka amsa lokaci ɗaya, manya da ƙananan muryoyi, yadda aka koya musu jerawa: "Wa alaikumus salam!"

"Ina wuni? Ya kasuwa?"

"Lafiya lau, Alhaji! Ya gajiya?"

Sai da aka tambayi iyali da zafin gari kafin Fasuma ta tuna, ta kama baki. Kallamu ya sauke hannun da yake ba mawaƙa umarni da shi. Haka aka lallaɓa aka kai wasan ƙarshe.

Madam Kuang ta miƙe, ta karɓi takardun waƙar tana juyawa. Ta ce Kallamu ya nuna mata a takarda inda dattijon nan ya shigo, don duk wasan nan wurin ne ya taɓa ta. Kallamu ya ce mata babu shi a takarda, gaisuwa ce kawai. Ta ce to a sake, ta gani ko za ta maimaitu a gaban jama'a.

Aka roƙi Alhaji ya fita ya dawo.

"Ni fa na riga na yi sallama," in ji shi. "Sau nawa ake yi a gida ɗaya?"

"Taimaka dai, Alhaji," in ji Fasuma. "Bizar Malam ce."

Ya fita, ya gyara hula, ya shigo yana taku kamar ango. Ya ja sallamar da tsawo, har da karkarwar murya. Rabin mawaƙa suka amsa, rabi suka fashe da dariya. Aka gwada sau uku, kowane ya fi na baya lalacewa. Madam ta ajiye takardun a kan kwali, ta yi godiya, ta ce a bana meyo, wato babu da yarensu.

Kallamu ya koma Nijar a watan Yuni, yana koyar da kiɗa a Yamai, ya kuma rubuta wasu wasanni biyu da ɗalibansa suka rera. Fasuma ta ƙara shekara shida tana sayar da tuwo a Xiaobei, sannan ta koma Kano. Madam Kuang ta yi bikinta da wasan wani. Alhaji Maidaji ya sayar da siton, ya koma harkar jakunkuna.