Jif Ɗin Darakta Ta Durƙusa

Timoti bai gama buɗe ƙofar baya ba jif ɗin ta ja dogon tsaki, ta saki iska, ta durƙusa a kan ƙafarta ta baya ta dama, daidai kusurwar da mai gida yake zama. A bakin sakatariya ne, ƙarfe takwas da 'yan mintoci, ma'aikata suna ta shigowa. Darakta Hayatu ya zuro ƙafa ya ji ƙasa ta tarye shi da wuri, hularsa ta gogi rufin mota ta karkace. Wani daga can baya ya ce, "Kai, motan ma ya san girman Oga." Aka yi irin dariyar nan ta cikin hanci, wadda ba a iya kama mai ita.

Karo na uku ke nan cikin mako guda. Watanni biyar da suka wuce aka kawo motar daga Kwatano, kuma a shekarar 1997 irinta biyu ce kacal a duk Jalingo. Ba ta da sifirin kamar motocin bayin Allah, a kan wasu jakunkunan iska take zaune, in an danna maɓalli ta ɗaga, in an sake dannawa ta sauka. Babu baƙon da zai zo gidan Darakta ya tafi ba a nuna masa wannan ba. Darakta ya yi wata tara a Ingila yana kwas, tun daga nan kuwa ba shi da abokin gaba kamar camfi. Ya taɓa sa masinja ya tsinke kambun da ke damtsensa a gaban kowa, yana faɗa masa cewa irinsu ne suka hana jihar nan ci gaba.

A ofis Darakta bai ko zauna ba. Ya jawo wata takarda da aka riga aka buga, ya ajiye biro a kanta.

"Matiyu ya ce ya gan ka da doya ranar Asabar."

Matiyu akawu ne, aikinsa na gaskiya kuwa kai rahoto. Yana tsaye a bakin ƙofa rungume da fayil, yana kallon silin kamar sunan wani aka ambata.

"Sa, doya uku ne, a kaina na ɗauka," in ji Timoti. "Ko kusa da motan bai zo ba."

"Kai mutumin Zing ne, na san ku da doya. Motar da Bature ya zauna ya ƙera da lissafi ka mai da mini ita akori-kura. Ka kai ta wajen makaniki. Ƙarfe huɗu zan yi wa 'yan sakandare jawabi kan kimiyya, kuma da ita zan je. In makaniki ya ce kaya ne suka karya ta, hannu kawai zan sa a nan, ka kwashe iyalinka daga bayan gidana."

Shekara goma sha ɗaya Timoti yana tuƙi bai taɓa goge ko fenti ba. 'Ya'yansa huɗu da matarsa Keziya a ɗaki biyu na bayan gidan Darakta suke, a unguwar Sarkin Dawaki. Ya fito cike da haushi, domin da ma ya yi lodin doyar a motar da sauƙi, aƙalla da an ci sakwara.

Ya lallaɓa motar zuwa hanyar Kona tana tafiya a karkace, masu acaɓa suna yi masa nuni da hannu kamar shi bai sani ba. Garejin Obadiya gindin wani mangwaro ne da rami guda da akwatin ƙarfe. Obadiya dattijo ne mai furfura a gira, ya yi shekara goma sha biyar a wani garejin Turawa a Jos, abin da ya kawo gida daga can kuwa mita ce ta gwada wuta da kuma rashin haƙuri da surutu. Kafin ya taso masu zaman banza sun kewaye motar. Ɗaya ya ce a cire komai a sa mata sifirin ɗin akori-kura a huta. Wani ya ce baki ne, mota irin wannan ba a yawo da ita tsirara. Na uku ya ce ai ya taɓa ganin irin haka a Yola, sai da aka yanka baƙar kaza.

"To ku je ku gyara," in ji Obadiya. "Ni zan tafi shan kunu."

Suka ja baya. Ya dama ruwan sabulu a gwangwani ya shafe jakar iskar da ta lotsa, ya bi bututunta ɗaya bayan ɗaya yana neman kumfa. Babu ko ɗigo. Ya sa Timoti ya tayar da mota, ya kasa kunne ga injin hura iskar, ya ji shi yana gurnani lafiya ƙalau. Jakar ta cika, motar ta miƙe tsaf, bayan minti guda ta sake yin tsakin nan ta zauna.

"Ba yoyo ba ne," Obadiya ya ce. "Ita da kanta take zubar da iskan. Wani yana mata ƙarya."

"Baba, mota ma ana mata ƙarya?"

"Fiye da mutum. Akwai kwamfuta a ƙarƙashin kujera, shi ne darakta. Ba ya fita, ba ya ganin hanya. Kowane ƙafa akwai sensa, ɗan akwati da hannu, shi yake kai rahoto: nan ya yi sama, nan ya yi ƙasa. Abin da aka faɗa masa shi yake sa hannu a kai. Kai da kake aikin gwamnati ai ka fi ni sani."

Timoti bai yi dariya ba. Ya tambayi abin da ya kawo shi.

"Kaya zai iya jawo wannan? Kamar doya?"

"Ka zuba mata buhu biyar, ƙara iska za ta yi ta miƙe. Don haka aka yi ta."

Obadiya ya sauka rami da tocila da mita. Ya zare wayar sensar hagu ya gwada, yana ɗaga motar da jak a hankali, allurar mita ta bi shi sumul. Ya koma ta dama. Allurar ta yi tsalle, ta faɗi, ta tsaya a inda ta ga dama. Daga nan sai ya haska wurin da tocila.

"Direba, sauko. Kai kaɗai."

Timoti ya sauka. Sensar wani ɗan baƙin akwati ne da bai kai gwangwanin madara ba, ɗaure a jikin ƙarfen mota, da siririn hannu da ya sauka ya kama ƙafar. A jikin hannun nan an ɗaure wata laya mai kaurin kwalin ashana biyu, ɗinkin jar fata, an naɗe ta tam an haɗa da ƙarfen mota, ƙulli a kan ƙulli. Hannun ya lanƙwashe, gindinsa ya tsage, laka ta shige ciki.

"Naka ne?" Obadiya ya tambaya.

"Ni ɗan kwaya ne a coci, Baba."

"Ban tambaye ka waƙa ba. Na ga na fasto, na ga na liman."

Timoti ya matso da tocila. Ba waya aka yi ɗaurin da ita ba, koren zare ne mai ƙarfe a baki, irin wanda ake ɗaure fayil da shi, an harhaɗa guda shida. Nan take ya tuna Lahadin da ta wuce waccan. Ya dawo daga sujada ya tarar Darakta ya karɓi makulli wajen Keziya ya shigar da mota gareji ya rufe ƙofa, wai yana duba littafin mota. Da ya fito, bayan farar shaddarsa duk baƙin mai ne. A makon ne kuma aka ji labarin ɗaya jif ɗin, ta wani ɗan kwangila, ta wuntsila a hanyar Wukari.

Wani daɗi ya ratsa Timoti tun daga tafin ƙafa, tsoro kuma ya biyo bayansa. An bar jaki ana dukan taiki, to ga jakin ya gani da idonsa, amma wa zai je ya ce wa jaki sunansa?

"Mai shi ya duba duk ƙarƙashin motan, ya ga nan ne kawai siriri da zai ɗauru," in ji Obadiya, yana yanke zaren. "Kuma daidai inda yake zama, don kada albarkan ya ɓata hanya. Ya ɗaure bakin ɗan rahoto, ɗan rahoto ya yi ta ce wa kwamfuta nan ya yi sama. Shi ke nan."

"Za a gyaru kafin ƙarfe huɗu?"

"Wannan ya mutu. Sabo kuwa sai Legas. Amma tashi mu je wajen Manasseh."

Manasseh mai sayen motocin da suka yi hatsari ne, a bayan tasha. Can a ƙarshen filinsa ga 'yar'uwar jif ɗin, ta ɗan kwangilar nan, kwance, rufinta ya haɗe da kujeru. Obadiya ya shiga ƙarƙashinta da sifana, ya fito da sensar baya ta dama, ya gwada ta da mita a nan take, allura ta tafi sumul. Timoti ya leƙa ta taga. A jikin madubin da ya rage, layu uku ne suke lilo.

"Shi ma ya yi ƙoƙari," in ji Manasseh. "Taya ne bai yi ba."

Ƙusa biyu ce da filogi ɗaya. Obadiya ya goge wurin, ya ɗaura, ya maƙala hannun a ƙafar, ya sa Timoti ya tayar. Jakar ta cika. Dattijon ya ɗauko tef ya auna daga taya zuwa bakin jikin motar a kusurwa huɗu, ya ɗan sassauta ƙusa ya gyara zaman sensar, ya sake aunawa. Suka jira minti goma motar ba ta yi tsaki ba. Ya naɗe tsohuwar sensar da layar da guntayen zaren a tsohuwar jarida ya miƙa wa Timoti.

"In ya tambaye ni, zan faɗa masa abin da na gani. Amma ba zai tambaya ba."

Ƙarfe uku da rabi jif ɗin tana tsaye a bakin sakatariya, miƙe kamar soja. Darakta ya sauko da babbar riga da takardun jawabi, Matiyu na biye da shi riƙe da fayil ɗin korar, fuskarsa cike da fata. Wasu ma'aikata suka rage tafiya.

"To, me makaniki ya ce?" Darakta ya tambaya da ƙarfi, don a ji.

Timoti ya dubi mutanen, ya dubi ƙunshin jaridar da ke hannunsa. Kalma uku kawai zai faɗa, gobe har masu sayar da gyaɗa su san labari, jibi kuma shi da Keziya suna neman ɗaki a Abbare.

"Ya ce sensa ne, sa. Ya tsufa. Ga wanda aka cire, ya ce a ba ka a hannunka."

Darakta ya karɓa ya shiga mota. Suna ɗaukar hanya Timoti ya ji ƙarar jarida a baya. Ya ɗaga ido ga madubi. Darakta ya buɗe ƙunshin, ya rufe da sauri, ya shiga kallon taga kamar yau ya fara ganin duwatsun Jalingo. Da suka wuce shataletale ya jefo tambaya.

"Makanikin nan yana da surutu?"

"Ba ya son magana, sa."

"Kai fa, me ka gani?"

"Ni direba ne, sa. Hanya nake kallo."

Darakta ya yi gyaran murya. Ya ce takardar nan ta safe ba wani abu ba ce, horo ne kawai, kuma Matiyu ya cika shisshigi, za a mai da shi sashen ajiye tsofaffin fayil. Ya jera takardun jawabinsa a kan gwiwa, taken yana sama da manyan baƙaƙe, a kan yaƙi da camfi. Can ya rage murya.

"In ka koma wajensa, ka tambaye shi, a ƙarƙashin motar nan ina ne wurin da ba ya motsi."

"Zan tambaya, sa."

Ƙofar makarantar ta bayyana, ɗalibai sun yi layi cikin rana suna jiran mai kimiyya. Timoti ya sa sigina, ya rage gudu, ya sake duban madubi.

"Sa, ranar Asabar ina so in je Zing. Mamana ta tara mini doya, babu motan da zai kawo."

Darakta ya daɗe yana kallon ƙeyarsa. Ya tura ƙunshin jaridar can cikin aljihun babbar riga, ya gyara zaman hula.

"Ka shimfiɗa buhu," ya ce, "kada ta ɓata mini kafet."