Fuskar Selina

Duk wanda ya san harkar fim a Jimeta yana gane aikin Muktar Hamajoɗa ko ba a rubuta sunansa ba. Ba ya son fitila. A bakin taga yake zaunar da mutum, ya kafa kyamara a kan fuskarsa, duk abin da ke baya ya bar shi dishi-dishi. Da bidiyon biki ya fara a Wuro Hausa, kafin masu ƙananan finafinai su riƙa nemansa.

Shekarar da mutanen Michika suka gudo Yola, ya shiga wata makaranta da aka sauke su, yana ɗaukar labarinsu. A nan ya haɗu da Keturah, wadda aka kashe mijinta a hanya. Minti tara tana magana, bai motsa kyamara ba. Fim ɗin ya kai har Legas, aka ba shi lambar yabo.

Bayan shekara goma sai ga ta a shagonsa, daga Ngurore inda take noma. Ta ce kwanan nan ta ji fim ɗin yana nan. 'Yarta Selina ta rasu da ciwon gudawa wata biyu bayan ɗaukar, hotunansu kuma duk sun ƙone tare da gida. Amma ta tuna ranar ɗaukar yarinyar tana wasa a bayanta.

Muktar ya tono tsohon aikin, suka zauna gaban kwamfuta. Ga Selina kuwa, cikin jar riga, ta gifta ta dawo ta tsuguna. Sai dai babu ido, babu hanci, inuwa ce kawai mai motsi. Ya gwada duk dabarar da ya sani har la'asar, fuskar ta ƙi fitowa.

Ya juyo wajenta. "Maman Selina, ki yafe mini. Da hannuna na mai da ita haka."

Ba ta dube shi ba. "Malam, mayar da shi baya."

Sau huɗu ta kalla. A na huɗun ta ɗora yatsa a kan gilashin, ta ce haka take tafiya, tana ɗan jan ƙafar hagu.

Ya tura mata bidiyon a waya, ya raka ta tasha. Har motar Ngurore ta cika ta tashi, tana sunkuye tana kallo.