Inda Turakun Suka Tsaya

Yero bai taɓa neman shugabanci ba, shugabancin ne ya zo ya same shi a bakin garke. Shekarar da furojen wata ƙasar Turai, wato shirin raya karkara, ya iso Yekuwa, cewa suka yi za su kafa turakun siminti a burtalin da shanu ke bi zuwa tabki. Amma da sharaɗi: sai manoma da makiyaya sun zaɓi kwamiti, maza da mata, kowa da ƙuri'arsa. Aka sha layi a rana, aka dangwala tawada, Yero ya ci.

Burtalin nan kuwa yana da iyakarsa tun kaka da kakanni, shingen aguwa ne dama da hagu. Masu furoje suka ce a tuge ta, siminti ya fi aminci. Yero ne a gaba da gatarinsa, don shugaba ba ya laɓewa a baya. Suka share ta tas har bakin tabki.

Turakun sun kai rabin hanya ke nan sojoji suka karɓi mulki a Yamai. Motar siminti ba ta sake dawowa ba.

Yero ya hau babur zuwa Magariya, ya tarar da biron furoje, wato ofishinsu, a garƙame, mai gadi na hura wutar shayi.

"Sun tattara sun tafi, baba. Sun ce sai ranar da aka koma zaɓe."

"Ai mun yi zaɓen," in ji Yero. "Ni ne ma na ci."

"Ba irin naku suke nufi ba."

Yero ya gaji, gajiyar da ko gardama ba ta bari a yi. Ya sha shayin da aka miƙo masa ya juyo gida.

Da ruwan shuka ya sauka, maƙwabcinsa Halilu, wanda ya yi masa yaƙin neman zaɓe ƙauye-ƙauye, ya zuba gyaɗa daidai inda turken ƙarshe ya tsaya. Ba mugun mutum ba ne Halilu, bakuna ne suka yi masa yawa a gida. Na gaba da shi suka gani, su ma suka shuka.

Ran nan da hantsi Yero ya koro shanunsa, suka bi tsakanin turaku tiryan-tiryan, sai ga gyaɗa kore shar ta tare hanya. Shanun sun jiyo ƙamshin ruwa, suna ta turereniya.

"Malam Halilu, ka san nan burtali ne."

Halilu ya dogara da hauyarsa, bai ko ɗaga murya ba. "Na ji, shugaba. Nuna mini iyakar in ja baya."

Yero ya duba dama, ya duba hagu. Ko kututturen aguwa ɗaya babu. Aikin ya yi kyau ƙwarai, shi da kansa ya tsaya a kai.

Ya ɗaga sanda ya juya kan shanun. Suka koma ta tsakanin turakun, da ƙishirwarsu.