Makon Sharar Malam Eberhard

Eberhard Häfele ya tsufa yana tsara ɗakunan girki na shirye-shiryen talabijin a Stuttgart. Tukwane masu ƙyalli, labule mai furanni. Ya gaji. Sai ga wata darakta daga Hamburg, Wiebke Carstens, ta ba shi fim ɗinsa na farko, na kisan kai. Abu ɗaya ta nema: matakalar bene mai ƙazanta, inda za a tsinci gawa.

Kamfanin ya kama hayar ɗaki a wani tsohon bene. Eberhard ya duƙufa. Ya haɗa ƙura da garin siminti, ya watsa guntayen sigari, ya ɗiga giya a bango, ya manna yanar gizo-gizo da hannunsa. Bai taɓa yin aiki mai kyau haka ba.

Ranar Asabar ya zo ya tarar matakala tana walƙiya, tana ƙamshin sabulu. Wata tsohuwa mai suna Hildegard, mazauniyar hawa na biyu, tana matse tsumma.

"Iya, me kika yi?"

"Makona ne," in ji ta. "Ba sai ka gode ba."

Wiebke ta iso, ta dubi matakalar, ta dubi Eberhard.

"Litinin za mu ɗauka. In ba datti, zan kira wani daga Berlin. Can kyauta ake samun datti. Kai kuma ka koma wajen tukwanenka."

A wajenmu a Stuttgart kowane bene yana da ɗan allo da ake ratayewa a ƙofar wanda sharar mako ta faɗo kansa. Ba ka tsallake makonka, ba ka kuma taɓa makon wani. Eberhard ya ga Iya Hildegard ta cire allon daga ƙofarta ta rataye a ta gaba. Ɗakin da kamfani ya kama ne.

"To yanzu makon wa ke nan?" ya tambaya.

"Naka."

"Madalla. Kada wanda ya taɓa min."

Ya sake zuba dattinsa, har ya fi na da. Maƙwabta suka daina amsa gaisuwarsa.

Litinin aka kafa kyamara. Ɗan wasan da ya fito a matsayin gawa ya kwanta a matakala ta biyu, da jinin ƙarya a riga. Mutanen gidan suka jeru a sama suna leƙowa. Ba gawar suke kallo ba.

"Häfele," in ji Iya Hildegard. "Ba kai ne ɗan Irmgard ta unguwar Degerloch ba?"

Eberhard ya cusa hannuwa a aljihu.

"Tare muke waƙa a coci. Matar da ke wanke har ƙasan kwandon shara. Allah sarki."

"Shiru!" in ji Wiebke. "A ɗauka!"

Aka ɗauka. Eberhard yana zufa. Da ya ji an ce a tsaya, bai san lokacin da tsintsiyar tsohuwar ta shiga hannunsa ba. Kafin Wiebke ta ɗago daga kallon hoton, ya share matakala uku, yana neman bokiti.

"Za mu sake ɗauka," ta ce. Sai ta juyo. "Kai! Ka haukace ne?"

"Makona ne," in ji Eberhard, murya ƙasa-ƙasa.

Gawar ta ɗaga ƙafa don ya share ƙarƙashinta.

Wiebke ta daɗe tana kallon abin da ya rage. Daga matakala ta huɗu zuwa sama dattin yana nan, kuma ko a Berlin ba ta taɓa ganin irinsa ba.

"A karɓe tsintsiyar nan daga hannunsa," ta ce. "Mutum biyu su riƙe shi. A matsar da gawar sama."

Haka aka gama fim ɗin. Wiebke ta sake ba shi aiki a na gaba, da sharaɗin a ɗauka a Hamburg, inda ba a san makon shara ba.