Tambaya ta Bakwai

Haulat ta kai tambaya ta bakwai a fom ɗin tafiya, sai yatsanta ya tsaya cak a kan wayar. Shidan farko ba su ba ta wahala ba, don ba ta da hawan jini, ba ta da ciwon zuciya, ba ta farfaɗiya. Ta bakwai ɗin gajeruwa ce: kina da juna biyu? A ƙarƙashinta akwai e da a'a, sai jan rubutu mai cewa mai ciki ba ta shiga ruwan zafin.

Mijinta Ghali yana bakin ƙofa yana ɗaure takalmin aiki. Ya tuna mata cewa kamfanin yawon na jiran fom ɗinta kafin ƙarfe biyar na yamma, in ba haka ba jagoran zai ba wasu gurbinsu. Shi tun jiya ya tura nasa. Ta ce to, ba tare da ta ɗago ba, ya fita yana 'yar waƙarsa.

Jibi za su tashi zuwa Iceland. Wata biyar ke nan Ghali ba shi da zance sai wannan. Ya haddace tsarin kamar karatun allo: da la'asar jagora zai ɗauke su a mota, don can rana ba ta daɗewa a lokacin sanyi, ya kai su wata maɓulɓular ruwan zafi a tsakiyar ƙanƙara, su yi wanka tururi na tashi, sannan a fita da su bayan gari inda babu fitila, su jira wani koren haske da ke rawa a sararin sama. Har keɓantaccen tafki ya nema, wanda ba kowa sai su biyu, ya kuma sayo mata rigar iyo mai rufe jiki ruf. Ranar da ya nuna mata tikitin ya ce wannan tafiya ce da babu asibiti a cikinta, babu gwaji, babu likita. Da kyakkyawar zuciya ya faɗa, kuma ita ta san haka, shi ya sa maganar ta fi ciwo yanzu.

Shekararsu bakwai da aure, ɓari uku. Ghali kuwa, Allah ya yi shi mutumin da magana ba ta kwana a cikinsa. Duk sanda ta gaya masa, kafin ta rufe baki Bauchi ta ji, Kano ta ji, abokan aikinsa na matatar gas sun ji. A na ukun har gadon jariri ya sayo. Da cikin ya zube a wata na huɗu, ita ce ta yi sati uku tana amsa wayar jaje, kowa da maganin da zai ba ta da malamin da zai haɗa ta da shi. Gadon yana nan a kwance a saman durowa, an lulluɓe shi da tsohon zani. A ranar ta yi wa kanta alkawari, in Allah ya sake ba ta, ba mai ji sai cikin ya fito ya faɗi kansa. A hankali ma har ta fara jin kamar faɗar ce ke zubar da shi. Ta san ba haka ba ne, tana istigfari in tunanin ya zo, amma bai fasa zuwa ba.

Yanzu ga wani cikin, sati tara, ba wanda ya sani. Kuma da asubar nan ta ga ɗigon jini.

A falo surukarta Hajiya Larai na zaune tana shan kunu. Ta zo Doha duba ido ne, satinta uku a gidan nan nasu na unguwar Old Airport. Ta kalli jibga-jibgan rigunan sanyin da ke rataye a bayan kujera ta taɓe baki. Ta ce ita dai har yanzu ba ta gane ba, in ruwan ɗumi ake so ai ga Wikki nan a Yankari, tafiyar awa biyu daga gida.

"Shiga tafasasshen ruwa kuma ai na mai jego ne," in ji ta. "Ban taɓa jin mace ta riga lokacinsa ba."

Maganar ta soki Haulat har ƙashi. To, an fara ke nan, gorin haihuwa da sassafe. Ta haɗiye, ta ce za ta leƙa wata ƙawarta a unguwar Al Gharrafa, ta ja mayafi ta fita kafin idonta ya tona mata asiri.

Ba ƙarya ta yi gaba ɗaya ba, don Dakta Safiyyatu ta zama kamar ƙawa. Bakanuwa ce, likitar mata a wani asibiti mai zaman kansa, kuma ita ta riƙe hannun Haulat a ɓarin ƙarshe. Likitar ba ta shigo ba sai bayan azahar, sannan Haulat ta yi awa biyu a layi, cinyoyinta a matse, tana tsoron ko tari ta yi. Da aka kira ta ta hau gadon, likitar ta shafa mata man nan mai sanyi ta ɗora na'urar a mararta, sannan ta yi shiru. Haulat ta san wannan shirun, sau uku tana jin sa. Ta kafa wa silin ido tana karanta duk addu'ar da ta zo bakinta.

Sai ɗakin ya cika da wata ƙara mai sauri, dif-dif-dif, kamar ana buga ƙofa da gaggawa. Likitar ta ce zuciyar ɗan cikin ce, kuma lafiya lau take bugawa. Haulat ta rufe fuska da mayafi ta yi kukan da ta yi sati biyar tana riƙewa.

Da ta natsu ta nuna mata fom ɗin. Ta fara kawo dabarun da ta kwana tana saƙawa: ta danna a'a, in an je ta tsoma ƙafa kawai, ko ta ce masa ba ta salla, ko ta ce kanta ke ciwo. Dakta Safiyyatu ta bar ta ta gama, sannan ta cire tabarau.

"Haulat, ba ruwan ne kaɗai ba. Da wannan jinin da kika gani, da abin da ya faru a baya, ban yarda ki yi awa goma a jirgi ba, balle ki taka ƙanƙara mai santsi. Kwanciya za ki yi. Ki gaya wa mijinki yau."

"In na gaya masa, Dakta, kafin isha'i duniya ta ji."

"To ki zaɓa. Ni dai na faɗa miki abin da na sani."

A tasi wayarta ba ta huta ba. Ghali ne ke turo hotuna, koren haske a kan farin dutse, mutane a cikin tururi suna dariya. A ƙarƙashi ya rubuta cewa jagoran ya ce sama a washe take a satin nan, sun taki sa'a. Sai kuma wani saƙon: kin tura? Motoci sun cushe a hanya, direban na ta tsaki yana cewa yalla, yalla, wato a yi sauri. Ta duba agogo, huɗu saura. Ta buɗe fom ɗin ta rufe ya fi sau biyar. Haushin Ghali take ji, tausayinsa kuma ya fi haushin yawa. Mutumin nan bai taɓa ce mata uffan kan haihuwa ba, ko da wasa. Wannan tafiyar ita ce iyakar abin da ya iya yi da baƙin cikinsa.

Ta tarar ya riga ta dawowa. Yana tsaye a tsakiyar falo cikin ƙatuwar rigar sanyi da hula mai rufe kunne, gumi na tsiyaya, yana gwada wa mahaifiyarsa yadda zai yi tafiya a kan ƙanƙara. Hajiya na tsinke zogale a faranti tana cewa Allah ya shirya. Da ya ga Haulat ya ce yanzun nan kamfanin suka sake aiko masa, nata kaɗai ake jira, saura minti ashirin.

"Kawo in cike miki, ai duk a'a ne."

Kafin ta yi wani abu wayar na hannunsa. Tana ganin babban yatsansa na sauka, a'a, a'a, a'a, ko karantawa ba ya yi. Ya wuce ta huɗu, ya wuce ta biyar. In ta yi shiru na daƙiƙa biyu shi ke nan, shi ya danna ba ita ba, sirrinta na nan. Sai ƙarar nan ta ɗakin likita ta dawo mata a kunne.

"Tsaya," ta ce. "Ba ni, ta bakwai ni zan amsa."

Ta karɓa, ta danna e. Jan rubutun ya ƙara girma ya cika fuskar wayar. Ba ta iya buɗe baki ba, ga surukarta a zaune, wace mace ce za ta faɗi wannan a gaban uwar miji? Ta miƙa masa wayar kawai ta sunkuyar da kai.

Ghali ya karanta. Ya sake karantawa. Ya kalle ta, ya kalli cikinta. Sai ta ga hannunsa na dama ya tafi aljihu da kansa, kamar yadda ya tafi sau uku a baya, ya zaro wayarsa. Ta san wanda zai fara kira, ƙanensa Shamsu, daga nan kuma sai abin da hali ya yi. Sai ta ɗaga ido ta kalli ƙofar ɗakinsu, inda ake hango gefen tsohon zanin nan a saman durowa. Ya bi idonta da kallo. Ya daɗe a haka, gumi na ɗiga daga haɓarsa.

Ya kife wayar a kan tebur.

"Hajiya," ya ce, "tafiyar nan mun ɗaga ta. An ce sanyin bana ya yi yawa."

Hajiya Larai ba ta ɗago daga farantinta ba. Ta ce dama ita tun satin da ta sauka ta lura an daina sa daddawa a miyar gidan nan, an kuma koyi barcin hantsi. Ta yi iya faɗarta da safe, ba a ji ba, ita kuma ba ta da bakin da ya wuce wannan.

Haulat ta zauna a hannun kujera. Ashe ba gori ba ne.

"Ke kuma tashi ki je ki kwanta, kin yini a tsaye," in ji Hajiya. Ta karkaɗe zaninta, ta ɗauki farantin ta nufi kicin. A bakin ƙofa ta tsaya, ba ta juyo ba. "Ruwan zafi kuwa ku bar min shi. In Allah ya kai mu lokacinsa, ni zan dafa."

Wayar Ghali ta fara ruri a kan tebur. Ya ɗaga gefenta ya leƙa, Shamsu ne, mai kira kullum war haka ya ji labarin tafiya. Ya mayar da ita ya kife, ya tsaya a wurin cikin rigar sanyinsa, har ta gaji ta katse.