Sulusin Jarida

Kwanon samirar Bi Zuhura ne ya fara shiga daladala, motar haya ta cikin gari, sannan ita ta biyo baya tana haki. Ta ture wani dattijo da gwiwar hannu, ta zauna a kujerar bayan direba. Kwano ne fari mai murfi, da zanen jan fure, wanda ba ya fitowa daga ƙarƙashin gado sai ranar Babbar Sallah. Ta ɗora shi a cinya ta rungume, don duk wanda ke motar ya gani ya san inda ta dosa.

"Bi Zuhura, barka da Sallah! Ashe tafiyarmu ɗaya."

Ba ta waiwaya ba, ta san muryar. Mwanasiti ce mai wankau, maƙwabciyarta a gidan hayar Makorora, wadda ƙofar ɗakinta ke kallon tata. Tana can kujerar baya, a matse tsakanin buhun kwakwa da wani ƙaton mutum.

"Motarmu ɗaya dai," in ji Bi Zuhura. "Tafiya kuwa, kowa da tasa."

Kuma gaskiya ta faɗa. Su biyun gidan Athumani za su a Raskazone, inda ake kayar da sa duk shekara. Sai dai Mwanasiti a bakin ƙofa za ta tsaya, cikin layin masu jiran sadaka. Bi Zuhura kuwa yayar maigidan ce, uwa ɗaya uba ɗaya. Ita ta goya shi, kuma tun da ya fara yanka sa, ita ke riƙe da wuƙar rabo.

A nan garin Tanga ko yaro ya san naman layya kashi uku ake yin sa. Sulusi na gida, sulusi na dangi da abokan arziki, sulusi na mabuƙata. Malamai sun faɗi haka suka yi shiru, ba su ce wane nama zai faɗa wane sulusi ba. Wannan giɓin Bi Zuhura ta cike shi da basirarta. Cinya da gadon baya da hanta na gida ne. Karfata da haƙarƙari na dangi, ana kai musu a kwanuka masu murfi. Huhu da maƙogwaro da jijiya, da ƙashin da aka kankare har yana ƙyalli, su ne na bakin ƙofa, a naɗe cikin tsohuwar jarida. In an ɗora a sikeli duka ukun nauyinsu ɗaya, don ƙashi ba ya ba da kunya a sikeli. "Sulusi aka ce, ba a ce tsoka ba," haka takan faɗa tana goge wuƙa. "Da hanau ai gara mannau."

Abin da ba ta faɗa shi ne, wannan ranar ita kaɗai ta rage mata. Mijinta ya mutu, ɗanta ya tafi Mwanza ya manta hanya. Sauran kwanakin shekara tsohuwa ce mai soya fanke a tashar mota, kwandastoci suna kiranta "Mama, miƙo biyu." Amma ranar Sallah takan dawo Makorora da kwano cike da karfata, ta dafa pilau, dafa-dukar shinkafa da nama, a tsakar gida, ƙamshi ya shiga kowane ɗaki ya gaya wa matan gidan cewa ita ba sa'arsu ba ce. Tun shekaranjiya ta sayi shinkafar da kanumfari da citta, ta baza su a faranti inda kowa zai wuce ya gani.

Da suka sauka, ta yi sauri ta ba Mwanasiti rata, kada a ce tare suka zo. Layi ya riga ya miƙe a gindin bishiyar darbejiya har ya sha kwana. Motoci kuwa sun cika titin, manya-manya, wasu da lambar Dar es Salaam. Ta bi ta gaban masu layin tana tattare bakin mayafinta, ta doshi ƙofa.

Maigadin sabo ne. Ya miƙa hannu ya tare ta.

"Mama, ga layi can."

"Layin ubanka! Ka san ko ni wace ce?"

"Kowa ma haka yake cewa, Mama."

"Je ka gaya wa maigidanka yayarsa ce, wadda ta share masa majina. Kai, matsa min!"

Ya dubi takalminta, ya dubi kwanon, ya matsa ba tare da ya gamsu ba. Wani a cikin layin ya yi dariya. Ta ji, ta ajiye masa a ranta.

A bayan gida ta tarar an gama komai. An feɗe san, an shimfiɗa ganyen ayaba, nama ya tashi tudu uku. Wani mahauci daga kasuwar Ngamiani, sanye da farar riga kamar likita, yana wanke wuƙaƙe. Inda aka saba jera kwanukan dangi, kuloli ne sababbi fil a jere, shuɗi da ja.

"Wa ya ce ka raba?"

"Maigida, Mama. Ya ce a yi yadda aka saba yi a gidan nan."

Ranta ya sosu, amma ido ya riga ya saba da aikinsa. Ta zagaya tudun farko, ta zagaya na biyu, ba ta sami abin kushewa ba. A na uku ta durƙusa, ta sa yatsa tana tonawa. Huhu, maƙogwaro, jijiya, ƙashi. To, ashe ɗan banzan ya iya. Can ƙasa, a ƙarƙashin wani ƙashin baya, yatsanta ya taɓa abu mai laushi. Ta jawo. Tsoka ce jajir, ta cika hannu biyu, ko zaren kitse babu.

"Wannan fa? Tsoka a sulusin bakin ƙofa?"

Mahaucin ya sosa ƙeya. "Mama, Sallah ce. Na ce ko wani mai rabo..."

"Mai rabo! So kake ka lalata su? Bana ka ba su tsoka, baɗi su zo suna tambayar hanta. Kai da ba dukiyarka ba, ai dole hannunka ya yi sake."

Ta wurga tsokar kan tudun dangi, ta goge hannu a ganye. Sannan ta ɗauki kwanonta ta ajiye shi a kan gaba, gaban duka kulolin, ta buɗe murfin.

A nan Athumani ya same ta. Farar doguwar riga, hula mai aiki, turare yana riga shi isowa, waya a kowane hannu. Tun da ya fara neman kujerar kansila ya koyi wani murmushi wanda ba ya kashewa ko a gidan makoki.

"Yaya! Barka da Sallah. Zo mana, ina da magana."

Ya ja ta gefen tankin ruwa, nesa da barandar da baƙi ke shan kofi.

"Me ya sa ba a jira ni ba?"

"Don ki huta, Yaya. Shekaru sun ja. To, dama maganar sulusin tsakiya ce. Bana ya yi mana kaɗan. Ga surukan da za su ɗauki 'yata Nuru sun zo tun daga Dar, ga mutanen jam'iyya, ga shugaban unguwa."

"Su ne dangi?"

"Abokan arziki. Ke da bakinki kike cewa sulusin nan na dangi ne da abokan arziki."

"To ni fa?"

Ya gyara hula, ya sassauta murya irin ta mai shirin yin wa'azi.

"Ai ke naki ya fi na kowa. Na tambayi malam. Ya ce sadakar da aka ba bare lada ɗaya ce, amma wadda aka ba ɗan'uwa mabuƙaci lada biyu: ga ladan sadaka, ga na zumunci. Na ce ikon Allah, shekara da shekaru ina asara! Ga ki a Makorora ɗaki ɗaya, ga fanke a tasha, ni kuma ina ta sa ki a sulusin da ba naki ba."

Bi Zuhura ta ja da baya. Ta dafa tankin.

"Athumani. Ni ce mabuƙaciya?"

"Ba zagi ba ne, Yaya, matsayi ne a wurin Allah."

"Ni na wanke maka kashi. Ni na sayar da awarwarona aka kai ka makaranta."

"Shi ya sa! In ba ta hanyarki ba, ta hanyar wa zan so in sami lada biyu? Kuma na ce ƙunshi biyu za a ba ki, ba ɗaya ba. Layi ma ba sai kin bi ba, haba, kamar ba ni da mutunci?"

Ɗaya daga cikin wayoyin ta yi ƙara. Ya ɗaga mata hannu alamar yana zuwa, ya juya da murmushinsa, bai dawo ba.

Ta tsaya a wurin, kunya da baƙin ciki suna cin ta. Ta yi niyyar ɗaukar kwanonta ta fita haka nan, ta bar masa ladansa biyu ya soya ya ci. Ta ma shirya kalmomin da za ta faɗa a gaban baranda, yadda surukan Dar za su ƙware da kofi. Sai ta tuna shinkafar da ke kan faranti, da idanun matan Makorora, da yadda kwano marar komai yake ƙara in an taɓa shi. Zuciya ta ce fita, ciki ya ce tsaya, kuma ba yau aka fara sanin wanda ke yin nasara a cikinsu ba.

Tana kallo aka fara cika kuloli. Tsokar nan da ta tsamo da hannunta ta faɗa kular wani mai tumbi daga jam'iyya, wanda ko leƙawa bai yi ba ya ce direba ya kai mota. Mahaucin ya ɗauke kwanonta daga gaban layin kulolin ya ajiye gefe, kamar wanda ya ɗauke kaza daga kan tabarmar baƙi. Ya naɗe ƙunshi biyu a jarida, ya miƙo mata da hannu biyu, idonsa a ƙasa.

"Allah ya karɓa, Mama."

Ita ce ya kamata ta faɗi haka. Ba ta faɗa ba.

Ta tura ƙunshin cikin kwanon ta danna murfi. Wani ƙashi ya yi tsawo, ya tokare. Ta juya shi, ta sake dannawa, ya tokare ta ɗaya gefen, ga kuma kunnen jarida ya leƙo, jini ya fara jiƙa shi. Da ita ta sara ƙashin da ta san tsawon da ake yi wa na jarida, ba a taɓa yin sa don ya shiga kwano ba. Ta ja gefen mayafinta ta lulluɓe, ta fita ta gaban layin da kanta a sama. Maigadin har da ce mata a sauka lafiya.

Daladalar komawa a cike take. Kujera ɗaya ta rage, can baya, kuma wadda ke kusa da ita ta riga ta matsa tana buga wurin da tafin hannu.

"Zo ga wuri, Bi Zuhura. Yau an tashi aiki da wuri ke nan?"

Ta zauna. Mwanasiti na riƙe da ƙunshinta a fili, a kan cinya, ko kunya babu. Motar ta faɗa rami, mayafin ya zame, murfin ya yi ƙara. Mwanasiti ta dubi kunnen jaridar da ya leƙo, ta dubi nata. Shafi ɗaya ne aka raba biyu: rabin fuskar wani ɗan ƙwallo a nata, ɗaya rabin a kwanon samira.  Ta juya tana kallon teku ta taga, tana ɗan waƙa a maƙoshi, kuma wannan kau da kan ya fi zagi ciwo.

Sun wuce asibiti, sun wuce tashar jirgin ƙasa. Bi Zuhura tana ta lissafin tukunyarta. Ta yi shekaru tana tura wa mutane huhu, amma ko sau ɗaya ba ta taɓa dafa shi ba. Da suka kusa Makorora ta yi gyaran murya, ta yi magana ba tare da ta juya kai ba.

"Huhun nan. Ya ake yi da shi?"

"Wanne? Na jarida?" in ji Mwanasiti, da ƙarfin da ya isa kujera uku su ji. Sannan ta rage murya. "Tafasa biyu za ki yi masa, ki zubar da ruwan farko, in ba haka ba gidan duka sai ya yi ƙarni. Ki matsa lemun tsami, ki cika citta. Pilau kam ki manta, ba ya shiga. Maƙogwaron kada ki ɓata gawayinki, ba ya nuna, mun gwada shekara da shekaru. Ƙashin ki yi romo, in kin rufe ido sai ki ce nama ne."

"To."

"Bana ma mun so mu dace. Mahaucin nan ɗan unguwarmu ne ta da, yaron kirki. Da na karɓi nawa yake ce min ya ɓoye mana tsoka guda a ƙasa, ko Allah zai ciyar da wani. Wai sai wata mai ido ta zo ta tono ta." Ta gyara ƙunshinta a cinya. "Kin ga da yanzu wataƙila tana cikin naki, tunda biyu aka ba ki."

Kwandasta ya buga jikin mota, ya ce Makorora a sauka. Daga nan ana hango matan gidan zaune a ƙofa, sun ci kwalliyar Sallah, suna jiran ƙamshi. Bi Zuhura ta sa hannu biyu ta danna murfin kwanon da dukkan ƙarfinta. Bai rufu ba.